Tafintan da Ya Binne Ɗangana

Duk wanda ya ci kasuwar Bangi a shekarun da suka biyo bayan karyewar darajar kuɗin sefa, ya san muryar Kaleb kafin ya san fuskarsa. Muryar takan fito ne daga wani tsohon ɗakin ajiyar albasa da ke bayan rumfar mahauta, ta ratsa ƙarar injin wuta, ta isa har inda mata ke auna gero. Murya ce mai kauri, marar gaggawa, irin ta mutumin da ya saba a saurare shi. Mai ita kuwa dattijo ne gajere, mai furfura a gefen kai, yana jan ƙafar hagu, kuma ba a taɓa ganinsa a waje ba da maɓallin wuyan rigarsa a buɗe.

Mahaifinsa manomi ne, mutumin Garhanga, wanda ciwon ƙirji ya kai shi asibitin mishan. Da ya warke bai koma gida ba; ya kama aikin ban ruwa a lambun asibitin, ya kuma karɓi addinin masu asibitin. A nan aka haifi Kaleb. Ya yi lakwal, wato makarantar boko, a Madawa har Faransanci ya zauna masa a baki, Ingilishin likitoci kuwa da kunne ya tsince shi. Tun bai yi aure ba aka ɗauke shi tafinta, ya riƙa bin likita daga gado zuwa gado, yana juya maganar baƙo zuwa Hausa, ta majinyaci zuwa harshen baƙo.

Kaleb yana da hanyarsa ta aiki, kuma yana alfahari da ita. Likita baƙo ne, yakan faɗi magana tsirararta. Kaleb ne ke sa mata riga kafin ta isa kunnen mutane. In likita ya ce wannan tsoho ba zai ga damina ba, sai Kaleb ya juya ga 'ya'yan tsohon ya ce, "Likita ya ce a kai shi gida, a ba shi abin da ransa ke so, a kuma aika wa 'yan'uwa na nesa su zo su gaishe shi." Babu wanda bai gane ba. Sukan yi godiya, su naɗe tabarmarsu, su tafi da mutuncinsu, ba a ji kukan kowa a baranda ba. Shi ya sa ko da wasa aka ce masa yana sauya magana, yakan gyara tsayuwa ya ce shi bai taɓa yin ƙarya ba, riga kawai yake sa wa gaskiya don kada ta fita tsirara.

Da gwiwa ta hana shi zagayen ɗakunan majinyata, aka sallame shi cikin girma, aka ba shi agogon bango. Ya kwashi matarsa Lydia suka koma Bangi, inda danginta ke da gida. Noma ya fi ƙarfin ƙafarsa, ciniki kuwa bai iya ba. Sai ya wayi gari yana zaune a ƙofar gida daga hantsi zuwa la'asar, da harsuna uku a baki, babu wanda ke bukatar ko ɗaya. Manomi in ya tsufa yana da rumbu. Tafinta in ya tsufa ba shi da komai sai shiru. Wannan shirun ya fi gwiwar ci masa rai.

A cikin wannan hali ne Iliyasu ya zo masa. Iliyasu falken albasa ne, kamiyonsa, babbar motar kaya, na sauka har bakin teku. A wata tafiya ya sayo telebijin da bidiyo da ƙaramin injin wuta, ya share tsohon ɗakin albasarsa, ya toshe tagogi da buhuna, ya mai da shi gidan kallo na ranar kasuwa, daga azahar zuwa la'asar. Muddin kaset ɗin na duka da naushi ne, ba a bukatar bayani. Amma sai direbansa ya zo masa da kwali guda na kaset-kaset, wani labari mai tsawo, zane mai motsi na mutanen Japan, an ɗora masa muryoyin Faransanci.

Bayan gaisuwa Iliyasu ya ce, "Baba Kaleb, na sayo jaki, ashe ba ya jin Hausa."

"To, ka mayar wa mai shi."

"Mai shi shina Kwatano. Mutanen cikin kaset ɗin nan surutu gare su kamar masu rabon gado, kuma duk da Faransanci. Samari sun ce in ba a faɗa musu abin da ake cewa ba, gara su koma kallon dambe."

Kaleb ya dube shi ta saman tabarau. "Zane fa ka ce. Ni da na tsaya tsakanin likita da mutuwa, wasan yara za ka kira ni in fassara?"

"Zo ka gani da idonka, Baba. In wasan yara ne, ni da kaina zan rako ka gida, in haɗa maka da albasa."

Ya je, ya gani, kuma ba wasan yara ba ne. Labarin wata ƙasa ce da rana ta faɗa cikin rijiya ba ta sake fitowa ba. Duhu ya rufe ko'ina, daga bakin kowace rijiya wasu halittu marasa fuska, masu dogayen hannuwa, suna fitowa suna jan mutane. Ba abin da ke korar su sai hasken wata fitila da wata tsohuwa ta ba wani siririn mutum marar fara'a, ta aike shi neman rijiyar da ta haɗiye rana. Sunayen mutanen labarin sun gagari harshen 'yan kallo, don haka suka raɗa musu nasu. Siririn ya zama Mai Fitila. Matarsa, mai baka da kibiya, ta zama Zali. Ƙaton abokinsa mai gatari kuwa aka sa masa Ɗangana, saboda ya yi kama da wani mahaucin kasuwar mai wannan suna, har tsagar haƙori.

A kaset na farko, lokacin da tsohuwar ke miƙa fitilar, ta yi wa Mai Fitila gargaɗi. Ta ce fitilar ba ta shan mai. Duk sa'ad da ya kunna ta, za ta cinye masa mutum ɗaya daga cikin waɗanda ya sani. Mutumin zai tsaya a gabansa, shi kuwa ba zai gane shi ba har abada. Kaleb ya ji maganar sarai. Ya taɓa ganin irin wannan a asibiti, tsohuwa ta dubi ɗiyar cikinta ta tambaye ta ɗiyar wane gida ce, kuma a wurinsa abin ya fi mutuwa muni, domin ita mutuwa ana zuwa mata ta'aziyya. Ya dubi ɗakin: manoma ne da 'yan dako, sun shigo da gajiyar kasuwa don su huta. Bai ko yi jinkiri ba. Ya nuna gilashin telebijin da sandarsa ya ce, "Tsohuwa ta ce fitilar ga tana shan ƙarfin mai ita. Kowane haske da wahalarsa." Ya ji daɗin jimlar, domin irin ta asibiti ce, ɗinkinta ya yi kyau.

Daga ranar nan bencin da ke gefen telebijin ya zama nasa. Kowace kasuwa kaset ɗaya. Yakan yi muryar tsohuwa, ya yi ta ƙato, ya sassauta in an zo wurin Zali, ya san inda zai yi shiru ya bar zane ya yi magana da kansa. Labarinsa ya kai ƙauyuka, har daga Babankatami ana zuwa a kan jakai da kekuna. Lydia ta lura cewa mijinta ya koma goge takalminsa tun ana gobe kasuwa. Zinariya mai ƙosai kuwa ta ɗauke kaskonta daga bakin hanya ta dasa shi a ƙofar ɗakin, tana suya tana leƙe. Ita ɗiyar gwaggon Kaleb ce, daga ɓangaren dangin da bai bar Musulunci ba, aure ya kawo ta Bangi. Taubasai ne ke nan, kuma ta riƙe haƙƙinta na tsokana da hannu biyu.

Matsala ta fara ranar da Ɗangana ya faɗi. Halittun sun kewaye shi, Mai Fitila ya kunna fitila don ya cece shi, amma haske ya zo a makare. Da ƙura ta lafa, sai ga ƙaton a kwance da gatari a hannu. Mai Fitila ya iso kansa, ya dube shi kamar yadda ake duban kututture a hanya, ya ɗaga ƙafa ya ƙetare shi, ya wuce. Kaleb kaɗai ya san dalili: a wannan kunnawar, Ɗangana ne fitilar ta cinye masa. Ɗakin ya ɗauki guna-guni.

Zinariya ta turo kai ta ƙofa, matsamin ƙosai a hannunta. "Taubashi, mi nike gani? Ƙetare shi ya yi? Abokin da sunka ci ƙwarya guda? Ko kare ya mutu ƙofar gida ai ana jan shi a rufe."

Kaleb bai girgiza ba. Ya ɗaga hannu kamar yadda yake yi wa dangin majinyaci. "Ku kwantar da hankalinku. An wanke shi, an rufe shi, an yi zaman makoki. Mutanen ƙasar can kunya gare su, ba su zana jana'iza."

Maganar ta shiga. Wasu ma suka yaba da ladabin mutanen Japan. Daga nan duk wanda ya faɗi a labarin, Kaleb yakan binne shi da baki tsakanin wannan kaset da wancan, wani lokaci har ya faɗi wanda ya gina kabarin. Haka aka ci gaba har damina ta yi nisa. Sai wata kasuwa labari ya juyo da matafiyan ta tsohuwar hanyarsu. Ga Ɗangana nan inda aka bar shi, gatari a hannu, tsuntsaye a kansa.

"Taubashi," in ji Zinariya, a hankali, yadda kowa zai ji, "ga mutumin da ka rufe ya fito shan iska. Kai da wa kunka gina kabarin? Da cokalin shayi?"

Aka yi dariya, amma ba ta daɗi ba. Kafin magariba maganar ta fita daga ɗakin albasa ta shiga gari, kowa da ra'ayinsa. Samari suka ce ba su taɓa ganin labari mai gaskiya irinsa ba, domin a sauran kaset-kaset jarumi da abokansa ba sa mutuwa, a nan kuwa ba wanda ya fi ƙarfin rijiya. Malam Mahfuzu, limamin masallacin kasuwa, ya ce shi halittun ba su dame shi ba, ƙaryar mai zane ce, yaro ma ya san haka; abin da ya dame shi gawa, domin gawa tana da haƙƙi, kuma duk labarin da ya mai da mai ƙetare ta jarumi yana koyar da abin da ba a so. Shadrak, dattijon 'yar ikilisiyar garin, wanda ya yi shekaru yana ba da magani a asibitin da Kaleb ya yi aiki, ya ce labarin duhu ne tsantsa, babu bege a cikinsa ko na ƙwayar gero. Zinariya ta ce ita ba ta da ja da labarin, da Mai Fitila take ja: marar mutunci ne, kuma da ita ce Zali, da ta daɗe da komawa gidan ubanta. Iliyasu kuwa ra'ayinsa bai wuce cewa ɗaki yana cika ba.

Da abin ya tsaya a baki, da ya wuce. Amma ana cikin haka aka yi rasuwa a unguwar maƙera. A Bangi, kamar ko'ina a ƙasar Adar, in an fito da makara duk namijin da ta wuce ta gabansa yakan miƙe ya bi, ya karɓi ɗauka ko na taki kaɗan ne. Ranar nan makara ta wuce ta gaban teburin mai shayi, wasu samari suna karta, ba su tashi ba. Dukansu 'yan ɗakin albasa ne. Dattawa suka kai ƙara wurin Maigari. Maigari ya ce shi ba ya yanke hukunci a kan abin da bai gani ba. Kasuwa mai zuwa, ranar kaset na ƙarshe, zai zo da kansa. In ya tabbata labarin yana koya wa mutane ƙetare gawa, za a rufe ɗakin, kayan kallo su bar garin.

Ran Lahadi bayan sujada Shadrak ya ja Kaleb gindin itacen bedi.

"Abokina, ranar kaset na fari ina tsaye can ƙarshen ɗakin kallo. Na ji abin da tsohuwar ta ce game da fitila, na kuma ji abin da kai ka ce."

"To, mi ya hana ka magana?"

"Tare munka ci tuwon asibiti, ban iya tona ka gaban yara. Amma Maigari ya ce in zauna kusa da kai in saurara, tunda ni ma ina jin Faransanci, kuma ka san ba ni shaidar zur."

Kaleb ya gyara maɓallin wuyansa. "Ban taɓa ƙarya ba, Shadrak. Riga nike sa wa magana."

"Ta fari riga ce, na yarda. Kabarin Ɗangana kuwa ba riga ba ne, gini ne. Har da masu gina ka kawo."

Kaleb ya koma gida yana juya maganar. Ya ga hanyar a fili. In ya ci gaba da rufewa, Mai Fitila zai tabbata marar mutunci, a rufe ɗakin, shi kuma ya koma ƙofar gida da shirunsa. In ya buɗe, gari duka zai san tafinta ya yi wata da watanni yana sauya musu labari, kuma ba lalle a sake yarda da shi a kan benci ba. Bai ɗauki hanyar aikinsa a matsayin laifi ba, har yanzu yana ganin da ita ya rufa wa dubban mutane asiri. Sai dai ya gano inda hannunsa ya goce. A asibiti rigar shara-shara ce: masu saurare suna ganin majinyacinsu, sun kuma san al'adar, suna hango gaskiya ta cikin yadin. Nan kuwa labari ne na wata ƙasa, babu wanda ya san abin da ke ƙarƙashi sai shi. Da ya kai nan a tunani, ya ɗauko takalminsa ya goge, ko da yake kasuwa da saura.

Ranar kasuwa bayan azahar aka kawo wa Maigari kujera. Malam Mahfuzu ya zauna a damansa, Shadrak ya zauna a ƙarshen bencin Kaleb, aka kori yara, dattawa da samari suka cika tabarmi. Zinariya ta sauke kaskonta daga wuta ta tsaya a ƙofa. Iliyasu ya ɗauko kaset na ƙarshe, sai Kaleb ya tare shi da sanda.

"Sa na fari tukuna. Kai mu wurin tsohuwa."

"Baba, na ƙarshe anka ce," in ji Iliyasu cikin raɗa.

"Ba a fara hawan itace daga reshe. Ranka shi daɗe, a ba ni izini."

Maigari ya gyaɗa kai. Tsohuwar ta bayyana, ta miƙa fitila, ta yi gargaɗinta, Kaleb kuma ya juya shi zuwa Hausa kalma bayan kalma, bai rage ba, bai tausasa ba. Sa'an nan ya sa aka tsayar, ya miƙe a kan ƙafarsa mai lafiya ya fuskanci jama'a.

"Wagga ita ce maganar tsohuwa. Wadda na ba ku a da, riga na sa mata, rigar kuwa ta yi kauri. Ɗangana ba wanda ya rufe shi, ni na rufe shi da bakina. Sa'ad da anka kunna fitila don a cece shi, shi fitilar ta ci. Mutumin da kunka ga ya ƙetare gawa bai san gawar wa ya ƙetare ba."

Ya koma bencinsa ya zauna. Aka sa kaset na ƙarshe. Matafiyan sun ƙare, saura Mai Fitila da Zali, sun iso babbar rijiyar da ta haɗiye rana, a gefenta akwai wani ƙauye da halittun suka yi wa zobe. A duk duniya ba wanda ya rage a kan Mai Fitila sai matarsa, kuma su biyun sun san haka. Ya ajiye fitilar a ƙasa, ya ƙi kunnawa. Zali ce ta ɗauka ta danƙa masa a hannu, ta riƙe hannun har wuta ta kama. Halittun suka ƙone, wani ɗan ja-ja ya bayyana a bakin rijiyar, kamar alfijirin da bai gama shawara ba. Mai Fitila ya juyo ya dube ta. Kaleb ya faɗi abin da Mai Fitila ya ce: "Baiwar Allah, ke ma hanyar ga za ki bi?" Ta amsa masa da e. Ya yi gaba, ta bi bayansa, rubutu ya hau gilashi.

Iliyasu ya kashe injin, aka ji hayaniyar kasuwa ta dawo. Maigari ya juya wurin Shadrak.

"Ya ƙara wani abu?"

"Ranka shi daɗe, ko gishiri bai ƙara ba. Amma ra'ayina shina nan inda yake. Hasken da ke cin mai ɗauke da shi, ranar da ba ta gama fitowa ba, ni ban ga abin da mutum zai kai gida ba daga labarin ga. Ba ni kawo iyalina."

"Allah gafarta Malam fa?"

Malam Mahfuzu ya shafa gemu. "Wanda hankalinai ya gushe, an ɗauke masa alƙalami, ba a tuhumarsa. Na janye abin da na ce game da mutumin. Amma rufe gawa nauyi ne bisa jama'a duka, in wani bai iya ba sai wani ya yi. Ina sauran mutanen ƙasar? Ita matar ai da hankalinta ta wuce."

"Allah gafarta Malam," in ji Zinariya daga ƙofa, "mace guda, dodanni bisa kanta, miji ba ya gane kowa, da mi za ta gina? Kuma yaushe mata sunka fara gina kabari?"

"Ban ce ita kaɗai ba, Zinariya. Ƙasar duka na ce. Ni dai ba abin kallona ba ne. Sai dai ba zan ce shi ya hana yaran can tashi ga makara ba. Su da hankalinsu, kuma suna da ubanni."

Samarin da ake nufi suka sunkuyar da kai. Zinariya kuwa ba ta gama ba, ta juyo kan taubashinta.

"Kai kuma, damina guda ka sa ni ina zagin marar lafiya. Ba sunan da ban kira shi ba. Alhakin bisa wuyanka, can inda kake ɗaure maɓalli."

Wannan ta shige shi fiye da duk abin da aka faɗa, domin a tsawon aikinsa bai taɓa bari a zagi majinyaci a gabansa ba. Ya karɓe ta bai mayar ba, abin da bai taɓa yi wa Zinariya ba.

Maigari ya ce, "Tafinta, mi ya kai ka?"

"Ranka shi daɗe, na yi shekaru ina dama wa mutane magani mai ɗaci cikin kunu. Hannu ya saba. Can ya yi amfani, kuma gobe in an kira ni gaban majinyaci, haka zan yi. Nan ne bai dace ba."

"Waɗancan majinyata ne. Waɗanga lafiyarsu lau, ƙosai suke ci." Maigari ya dafa sandarsa. "Ɗaki shina nan buɗe, amma ban yarda yaro ya shigo kallon wanga ba. Kai kuma ka zauna bencinka, tunda ka iya faɗin ta yadda take in ka so; daga yau haka za ka riƙa faɗi. Abu guda ya rage. Ba a ƙetare gawa a garin ga, ko ta zane ce. Duk sa'ad da wani ya faɗi, a tsai da na'ura."

"Ranka shi daɗe, ba a yi wa zane addu'a," in ji Malam Mahfuzu.

"Ban ce a yi addu'a ba, Malam. Cewa na yi a tsaya."

Iliyasu ya fara gunagunin cewa injin ba ya daina shan mai don an tsai da hoto, amma da ya ga ba mai sauraronsa, sai ya bari.

Kasuwa ta gaba jama'a da kansu suka nemi a maido labarin daga farko, domin a cewarsu wancan da suka gani na Kaleb ne, yanzu suna son na masu shi. Malam Mahfuzu bai sake shigowa ba, Shadrak ma haka, kuma kowannensu ya riƙe ra'ayinsa har ƙarshe. Kaleb ya koma bencinsa da takalmi a goge, yana faɗin magana tsirararta. Da farko takan yi masa nauyi a baki, daga baya ya gano cewa ita ma tana da nata ɗinkin.

Da aka sake isowa ranar faɗuwar ƙaton, Mai Fitila ya ɗaga ƙafa, Iliyasu ya danna maɓallin tsai da hoto. Hoton ya tsaya yana 'yar rawa. Kaleb ya ɗora sanda a kan wanda ke kwance.

"Wanda ya kamata ya riƙe sunan wanga ba shi iyawa. Ku kuna da hankalinku. Wane ne nan?"

"Ɗangana," in ji ɗakin gaba ɗaya, har da Zinariya daga ƙofa.

Daga can rumfar mahauta aka ji wata murya ta amsa, "Ina nan da raina, ku bar kirana."

Kaleb ya bari dariyar ta lafa, ya jira har shiru ya zauna sosai, sa'an nan ya yi wa Iliyasu alama da sanda. Mai Fitila ya sauke ƙafarsa a ɗaya gefen, ya wuce cikin duhu, kuma a wannan karon babu wanda ya zage shi.